Mata Huɗun da Suka Rage a Cikin Laftof

Ina da shekara arba'in da uku na fara riƙe fensir. Na faɗi wannan tun farko don kada wani ya karanta abin da ke tafe ya ce jahilci ne ya ci ni. Ranar da abin ya faru na iya karatu, kuma na karanta gargaɗin da idona.

Ajin manya muke zuwa a bayan cocinmu a Kafanchan, Talata da Alhamis da yamma, bayan na rufe rumfar citta. Bencin yara ne, gwiwata tana dukan tebur. Na fara da Hausa, daga baya na shiga Turanci a hankali, ƙafa ɗaya bayan ɗaya. Da na iya, ban bar komai ba: allon shago, jikin mota, takardar magani, kwalin sabulu. Mijina, kafin ya rasu, yakan ce in rage murya a hanya, mutane na kallonmu. Ban taɓa ragewa ba.

Mahaifiyata tana Nok. Hausarta ta kasuwa ce kawai, da yarenmu muke magana, don haka duk abin da zan sa a bakinta a nan ni ce na juya shi. Ba ta kiran sunana, tunda sunan uwarta aka sa mini. "Uwata" take ce mini tun ina rarrafe.

A gidanmu akwai wata waƙa ta mata. Ranar da za a fito da gawar tsohuwa daga ɗakinta, babbar 'yarta takan tsaya a bakin ƙofa ta kira ta, ta kira uwarta, ta kira uwar uwarta, haka har iyakar inda aka sani. Kowace mace da sunanta, da ƙauyen da aka auro ta, da abu ɗaya da aka san ta da shi. Akwai wadda ta kori kura da muciya. Akwai wadda ta haifi tagwaye sau biyu ta raine su duka. Mata tara ne a cikin waƙar, Mama kuma ita za ta zama ta goma. Babbar 'ya kaɗai ake koya wa. Gidaje da yawa sun bar irin wannan tun zamanin da ake ganin duk abin gargajiya zunubi ne, amma Mama ta riƙe nata, ga shi kuma ba ta fashin sujada. Takan ce Allah da ya yi matan nan ba zai ji haushin a kira sunansu ba.

Ni ce babbar 'ya. Shekara da shekaru tana bina in zauna in koya, ni kuma ina bin buhunan citta.

Da 'yata ta gama karatu a kwalejin Gidan Waya ta samu aiki a Kaduna, sai ta bar mini tsohon laftof ɗinta, ta nuna mini yadda ake ɗaukar murya a waya a zuba a ciki. A raina na ce an gama. Na hau bas, na hau mashin, na iske Mama tana ɓarar gyaɗa a gindin mangwaro.

"Uwata, zauna ki bi ni baki da baki," ta ce.

"Mama, ga waya. Ki rera kawai, ta fi kaina riƙewa."

Ta kalli wayar kamar yadda take kallon mai tallar maganin gargajiya a mota. "Ita ce za ta tsaya a ƙofar ɗakina ranar da za a fito da ni?"

"Ni zan tsaya. In na koma gida na huta zan koya."

"Ke da hutu? Ko a cikina ba ki zauna wuri ɗaya ba."

Amma ta rera. Ta rera sau uku a ranar, kaza tana kuka a bayan muryarta. Damina biyu ina komawa. Na ɗauki waƙar, na ɗauki labarin kowace mace, na ɗauki har faɗan da take mini. In waya ta cika sai in zuba a laftof in goge na wayar. Na gwada rubutawa a littafi, amma yarenmu ba ya shiga haruffan da aka koya mini. In na rubuta na karanta sai in ji kamar wata baƙuwa ce ke magana da goro a baki. Na rubuta mata biyar na farko, haushi ya kama ni, na rufe littafin. Me nake gaggawa? Ga muryar mai ita a ajiye.

'Yata ta gargaɗe ni cewa abu mai muhimmanci wuri biyu ake ajiye shi. Ta saya mini filash, ɗan abin nan kamar yatsa da ake sokawa a gefen laftof a kwafe kaya a ciki. Na ƙulle shi a bakin zanina kamar yadda nake ƙulle makulli, ya zame ya faɗi a motar Manchok ranar da muka je bikin wata 'yar zumuntar mata. Da na sayi na biyu na ce wannan ba zai ga waje ba. Na samo zaren ɗinkin buhu, na ɗaure shi a jikin laftof ɗin, na soka shi na bar shi a soke dare da rana, kamar yadda ake ɗaure moɗa a jikin randa don kada ta yi ƙafa. Duk wanda ya gani sai ya yi dariya, ni kuwa ina jin na fi kowa dabara.

Sai Mama ta faɗi a hanyar rijiya. Ɓarin jikinta na dama ya shanye, magana ta tafi. Tana ji, tana gane mutane, amma in ta buɗe baki iska ce kawai ke fita. Likita ya ce a yi ta addu'a. Daga nan na san lokacin koyo ya yi, kuma na san malamata yanzu tana cikin laftof.

A kwanakin ne wani rubutu ya fito a kusurwar fuskar laftof ɗin, can ƙasa ta dama. Na karanta shi: wai windon da ke ciki, wato abin da ke tafiyar da kwamfutar gaba ɗaya, ba a yi masa rajista ba. Bai hana ni komai ba. Muryar Mama tana fita ras. Amma ni mace ce da ba na iya ganin ƙuda a bakin ƙwarya in ƙyale shi. Kullum na buɗe yana nan, kamar yana ce mini ɓarauniya. Tsoro kuma ya shige ni, kada wata rana ya rufe mini komai.

Ƙanin mijina malamin sakandare ne, shi ake kira in rediyo ko waya ta yi gardama a danginmu. Wasa muke da shi tun ina amarya. Ya zo wata Asabar da hantsi, ya tarar da ni da mata uku na zumuntar matan coci da nake shugabanta muna tsintar citta a baranda.

"Matarmu 'yar makaranta! An ce farfesa na nemana."

"Zauna, ragon miji. Yayanka ya tafi ya bar ni da kai, ko kaza ba ka taɓa kawo mini ba. Duba mini wannan abin."

Ya duba ya yi tsaki. "Wannan? Minti biyar. In kina son na gaske sai kin sayi lamba da tsada. Amma wa ke saya? Akwai kirak. Ɗan abu ne da ake saukowa da shi kyauta, ya ruɗi kwamfuta ta ɗauka an biya. Duk garin nan da shi ake aiki, har ofisoshi."

"Ba sata ba ce?"

"Satar wa? Bature ya san da zamanki?"

Matan suka kwashe da dariya, ni ma na yi. Ya jona wayata, ya shiga wani shafi cike da hotuna masu ƙyalƙyali, ya danna nan ya danna can. Ina tsaye a bayansa da citta a hannu. Can sai wani jan akwati ya faɗo a tsakiyar fuskar. Na sunkuya na bi haruffan da baki, yadda na saba. Ban gane duka ba, amma na gane kalmar da ake rubutawa a jikin tiransifoma.

"Malam, tsaya. Ya ce haɗari."

"Iye! Ku ji, farfesa ta fara fassara."

"Na ce ya ce haɗari. Ja ne ma."

"Matarmu, mai gadin kwamfutar ne. Kare ne, duk baƙo sai ya yi masa haushi. Dole a ɗaure shi kafin kirak ya shiga, haka ake yi. Ke da kika fara a-ba-ca-da jiya, yau za ki koya wa mai digiri aiki?"

Ɗaya daga cikin matan ta ce, "Ƙyale shi mana, Shugaba, kowa da gonarsa."

Ni da na taɓa sauke direban tirela daga motarsa a kan buhu biyu da ya jiƙa mini. Ni da dattawan coci suke gyara zama in na ɗaga hannu. Sai ga ni na ja da baya. Kunya ce ta kama ni, kunyar bencin yara, kunyar kada a ce tsohuwa ta iya kalma uku tana damun mutane. Na koma kan tabarmata. Ya kashe mai gadin, ya danna abinsa, laftof ɗin ya mutu ya tashi. Rubutun kusurwa ya ɓace. Har kunun gyaɗa na dama masa.

Ran Talata na dawo daga kasuwa da azahar, na buɗe don in ji mace ta shida. Na danna, babu murya. Na danna wata, babu. Duk fayilolin sun zama farare, kowanne an liƙa masa wasu haruffa a wutsiyar sunansa. Hotunan jana'izar mijina, hotunan yaye 'yata, duka. Abu ɗaya ne ya buɗe, wata 'yar wasiƙa da Turanci. Na karanta ta sau huɗu. Wasu mutane da ban sani ba suna ce mini kada in damu, kayana suna nan, sun kulle su ne kawai, in na biya za su ba ni makulli.

Kada in damu.

Sai na tuna da filash. Na shafa zaren, yana nan daram. Har na ce na gode Yesu.

Na naɗe laftof ɗin a zani na tafi cikin kasuwa, wurin wani mai gyara da na san gidansu. Mahaifinsa Alhaji ne da ya daɗe yana sayen citta a hannuna, kakansu ma a garin nan aka haife shi. Mutum ne mai sanyin magana. Ya buɗe, ya kalla, ya juyo gare ni.

"Madam, wa ya sa miki kirak?"

"Yaya aka yi ka sani?"

"Ke ce ta uku a watan nan. Wanda ya ɗora abin nan kyauta a intanet ba don Allah ya ɗora ba. Yakan cusa nasa a ciki. Kuma sai ya ce a kashe mai gadi tukuna, kin ga ke da hannunki kin buɗe masa ƙofa. Wani lambobin banki yake kwashewa ba ki sani ba, wani ya kulle kaya. In kin taɓa shiga banki ta nan, ki canja lambarki yau."

"Bar zancen banki. Ina da kwafi." Na nuna masa filash ɗin da alfahari.

Ya kalli zaren buhun, ya kalle ni. "Yana soke lokacin da aka yi aikin?"

"Kullum a soke yake. Ai don kada ya ɓace."

"Innalillahi," ya ce a hankali. Ya buɗe filash ɗin ya juyo mini fuskar. Farare, dukansu, da wutsiyoyinsu. "Madam, kwafi sai ya yi nesa da uwarsa. In yana jikinta, abin da ya same ta ya same shi."

Na zauna a kan wata tsohuwar firinta ba tare da an ce in zauna ba. Na tambaye shi ko in na biya za su buɗe. Ya ce ba zai yi mini ƙarya ba: wasu sun biya an buɗe musu, wasu sun biya ba su sake jin ɗuriyar kowa ba, kuma babu wanda za ka kai ƙara, tunda ba ka san ko a wace ƙasa yake ba. Ya ce shi ba zai ba ni shawarar in biya ba. Ya gwada abin da ya sani har la'asar ta yi, ya tashi ya yi salla ya dawo ya ci gaba. Ya duba wayata ko akwai saura, amma hotunan citta da saƙonnin zumunta sun daɗe da hawa kan wurin. A ƙarshe ya ce kada in bari kowa ya goge laftof ɗin, in ajiye shi yadda yake, wataƙila wata rana a samu makullin irin wannan. Bai karɓi komai a hannuna ba.

Daga nan makarantar ƙanin mijina na wuce. Na same shi a ƙarƙashin bishiya da abokan aikinsa.

"Matarmu, lafiya?"

"Kada ka sake ce mini matarmu. Na ce maka ya ce haɗari ko ban ce ba?"

Da ya ji abin da ya faru fuskarsa ta canja. "Wallahi Yaya, kowa haka yake yi. Nawa ma da shi nake aiki, ban taɓa ganin..."

"Naka akwai uwarka a ciki?"

Na so in ci gaba, bakina cike yake, amma sai na ji babu amfani. Ko na yage masa riga, ni ce na karanta jan akwatin nan na koma na zauna. Ni ce na ɗaure zaren.

Washegari na tafi Nok. Mama tana kwance a kan tabarma a ƙofar ɗakinta, an jingina ta da filo. Ban iya kewaye-kewaye ba, kuma ba a gabanta zan fara ba.

"Mama, na ɓatar da waƙar. Biyar kawai ke kaina."

Ta daɗe tana kallona. Na jira ta juya mini baya, da hakan ya fi mini sauƙi. Sai ta miƙo hannun hagu ta kama nawa. Ta fara gunjin waƙar a maƙogwaro, ba kalma, sautin kawai. Na bi ta da sunayen. Ta ɗaya, ta matsa yatsana. Ta biyu, ta matsa. Har ta biyar. Da muka kai ta shida ta ci gaba da gunji, leɓenta yana rawa, tana ƙoƙarin turo sunan, jijiyar wuyanta ta tashi. Yana nan a cikin kanta, ina ganinsa a idonta. Na kira duk sunayen matan da na taɓa ji a yarenmu ko zan dace, tana girgiza kai. Na kira sunayen ƙauyuka. Muka yi ta yi har ta gaji hawaye ya gangaro ta gefen da ya shanye. Na share mata da bakin zanina.

Sati shida ina zuwa muna haka. Na zagaya tsofaffin garin, kowacce ta ce ta san ta gidansu in ma ta sani, ta gidan wani ba a riƙewa. Ƙanwar Mama ɗaya ce, ta riga ta tafiya.

Ta rasu lokacin haƙar citta. Aka cika gidan, 'yan zumunta da ankonsu, mawaƙan coci, dangi daga Kaduna da Jos. Ƙanin mijina tun asuba yake jidar kujeru, bai yarda mun haɗa ido ba. Fasto ya yi addu'a, ya ja gefe, don ya san al'adar gidan. Maza shida suka ɗauki akwatin suka tsaya daga cikin ɗaki. Ba a fitowa sai an gama kira.

Na tsaya a bakin ƙofa. Na kira Mama, na ce wadda ba ta fashin sujada kuma ba ta yar da iyayenta ba. Na kira uwarta mai sunana. Na kira mai tagwaye, na kira mai muciya, na kira sauran biyun. Murya ta fita fiye da yadda na zata. Sai na iso inda sunayen da na sani suka ƙare.

Ana jin kukan akuya a bayan gida. Wata tsohuwa ta raɗa mini, "Rufe a nan, 'yata, wa ya sani?" Gaskiyarta, babu wanda ya sani. Da na rufe da an fito da ita, an ce na yi ƙoƙari.

Amma wadda ke cikin akwatin ta san tara ne.

Na ɗaga murya a kan sautin da ta bar mini, na rera da yarenmu: "Uwar da na ɓatar da sunanta, ga 'yarki nan tafe." Na sake. Na sake. Sau huɗu, ɗaya ɗaya, ina barin wurin ƙauyen kowacce da abin da aka san ta da shi a buɗe, ina gunji kawai yadda Mama ta yi. A ta uku na ji 'yata ta kama gunjin a bayana. A ta huɗu muryata ta karye, amma na kai ta ƙarshe. Sannan na matsa, aka fito da ita.

Yanzu duk ƙarshen wata 'yata takan zo daga Kaduna. Ina zaunar da ita a baranda, in karɓe wayarta in kife a cikin kwano, ta bi ni baki da baki. Shida da suna, huɗu da gunji. Ta ce mini mu bar huɗun mana tunda babu komai a cikinsu. Na ce in ta bar su a ranata sai na tashi na mare ta.

Ƙanin mijina yana gaishe ni da "Yaya" yanzu, a tsaye, da hula a hannu. Na fi son lokacin da yake zagina.

Laftof ɗin yana cikin akwatin zannuwana, a naɗe, filash ɗin na jikinsa da zarensa. Ban kwance ba. In na bi ta layin masu gyara, ɗan Alhaji yakan hango ni tun daga nesa ya girgiza kai, ni kuma in ɗaga masa hannu in wuce rumfata.